Kafin Ka Cire wa Baturiya Haƙora

Kafanchan,
Ranar Asabar.

Zuwa ga ɗana Yakubu,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangijinmu Yesu Almasihu. Ina roƙon Allah ya kiyaye tafiyarku jibi, kai da matarka Ladi, ya kai ku Nok lafiya, ya raba ku da direba mai gaggawa da sharrin hanya. Ya sa makarantar da aka tura ka koyarwa ta karɓe ka hannu biyu. Amin.

Za ka yi mamaki, ga ɗakinka ga nawa, amma ina rubuto maka wasiƙa. Dalilin kuwa ka san shi. Tun ranar Laraba, duk na buɗe baki sai ka ce, "Baba, na ji," alhali ba abin da ka ji. Ni kuma sai muryata ta hau, mamarka ta fito daga kicin da ludayi a hannu tana raba mu. Na gaji. Ka samu wuri ka zauna ka karanta wannan har ƙarshe. Na san ka fi ni Turanci, a aji uku na tsaya a sakandare, amma abin da zan faɗa maka ba a kwalejinku ake koyar da shi ba.

Maganar Baturiya ce. Aladiyar nan ni na zaɓe ta da kaina cikin garkena na ba ku, don ku fara kiwonku a sabon gida, kada ku zauna kuna jiran albashin tica kaɗai. Cikinta na fari ne, saura kamar wata ɗaya da rabi ta haihu. Ranar Laraba Ladi ta sa hannu za ta ɗauke kwanon dusa ta wanke, Baturiya ta yi gurnani ta kai mata cizo. Mun gode wa Allah ciwon bai yi zurfi ba, an wanke an yi allura. Ka ji zafi, daidai ne, matarka ce. Amma abin da ya fito daga bakinka a tsakar gida shi ya hana ni sukuni. Ka ce da kun isa Nok, ko dai ka sa a danne ta ka cire mata haƙora da filaya, ko ka dawo da ita kasuwar Alhamis mahauta su yi yadda suka ga dama da ita.

Haba Yakubu! Aladiya mai ciki? Ka danne ta da ƙarti huɗu ka sa mata ƙarfe a baki, kafin mako ya zagayo ta yi ɓari, kuma daga ranar ba za ta ƙara yarda da mutum ba. Ka kai ta kasuwa, ka yanka uwa da 'ya'ya ke nan a kan laifin da ba nata ba. Na ce ba nata ba ne, kuma zan nuna maka, domin duk wautar da kake shirin yi na riga ka yin ta, tun kana goye.

Ka san daga dako na fara, a tashar jirgin ƙasa. Ba wanda ya ba ni ko ɗan tsako. Da gumina na sayi 'yan aladu biyu, na kai su ƙauyenmu kusa da Fadan Kaje. A can, da rani sakin dabbobi ake yi. Aladuna su fita da safe su bi fadama, su tona saiwa, su ci mangwaron da ya faɗo, su kwanta cikin taɓo, da yamma su dawo a zuba musu dusa a kwami ɗaya su ci kai da kai, ba faɗa. Da damina ta sauka sai mai unguwa ya sa a yi shela, kowa ya tsare dabbarsa saboda shuka. Daga nan ne kake fara jin ihun aladu a kowane gida. Shekaru ina ganin haka, ban taɓa tambayar kaina me ya sa ba. Na ɗauka damina ce ke sa su hauka.

Da Allah ya buɗa mini na dawo Kafanchan na yi gida, sai na ce ni na wuce kiwon ƙauye. Na kira birkila ya gina mini ɗakin aladu na bulo, rufin kwano, ƙasa siminti sumul kamar falon fasto. A lungu ɗaya na sa ya yi kwami na siminti, tun bai bushe ba na rubuta sunana a jiki da ƙusa. In an tashi daga coci sai in jawo mutane su zo su gani. Aladu shida na zuba a ciki. Cikinsu akwai wani namiji baƙi da muke kira Soja.

Kafin wata ɗaya Soja ya mai da kwamin nan gadonsa. Ya ci ya ƙoshi, sai ya shiga ciki ya kwanta. Duk wanda ya matso ya sha haƙori. Tun da a lungu kwamin yake, hanya ɗaya ce ke zuwa gare shi, shi kuma ya tare ta da jikinsa. Shi yana ƙiba, sauran suna ramewa. Ni kuwa sai ƙara dusa nake yi a wuri ɗayan nan, ina zagin aladu. Wauta ke nan, da sunana a jikinta.

To ka ji: abin da yake guda ɗaya, a wuri ɗaya, da hanya ɗaya, shi dabba take tsarewa. In kun isa Nok kada ka yi kwami a lungu. Ko Baturiya kaɗai ce a ɗakin, ka sa mata wurin ci biyu, nesa da juna. In 'ya'ya sun zo sun girma, wuraren ci su fi yawan bakunan da ke ci, ka sa ɗan katanga ko katako a tsakani yadda mai ci a nan ba ya ganin mai ci a can. Alade ba ya iya kwanciya a kwano uku lokaci ɗaya, komai mugun halinsa.

Sai na zo na ƙara wata wautar a kan ta fari. Wani dillali a kasuwar Alhamis, mai baki kamar rediyo, ya ce mini, "Oga, alade sai ya san mai gida. Yana ci ka janye abincin, in ya yi gurnani ka zuba masa sanda. Kwana uku ya zama tunkiya." Na ji maganar ta yi mini daɗi, domin irin maganar da nake so ce. Na samo gora. Kullum Soja ya sa baki a dusa sai in tura shi in kwashe, ya yi gurnani in narka masa. Bayan kwanaki ya daina gurnani. Na ce wa mamarka, "Kin gani? Ya san ni yanzu."

Ashe gurnanin kawai na kashe. Tsoron yana nan, ya ma ƙaru. Da can yakan gargaɗe ni kafin ya yi wani abu, ni da kaina na koya masa cewa gargaɗi duka yake jawowa. Wata safiya na shiga da bokiti, bai ce uffan ba, sai ji na yi an kama mini ƙwauri. Tabon nan na ƙafata ta hagu da na ce muku ƙarfen jirgi ne ya yanke ni ina dako, ƙarya ne. Soja ne. Shekara nawa ina ba ku labarin ƙarfen jirgi, yau ka sa na faɗi gaskiya a takarda.

Saboda haka kada ka kuskura ka doki Baturiya don ta yi gurnani. Gurnani magana ce, tana cewa ka ja baya. Ka ja bayan. Kuma ku daina ɗauke mata kwano tana kai. Ka tsaya ka yi tunani da kan nan naka mai satifiket: in duk lokacin da hannun mutum ya zo, abinci ne ke tafiya, me za ta yi wa hannun? Ku juya abin. Hannu ya zama mai kawowa. Duk wanda zai wuce ta wajen kwanonta ya jefa mata abin da ya fi dusa daɗi, ɓawon gwanda ne, guntun dankali ne, ayabar da ta nuna ta wuce. In za a wanke kwano, a zuba mata wani abu a ɗaya gefen, ta tafi da ƙafarta, sa'an nan a jawo kwanon da sanda mai ƙugiya daga waje. Ba sai an yi kokawa ba.

Cizon nan ya kwantar da ni kusan mako biyu, ƙafa ta kumbura kamar turmi. Kiwo ya koma hannun mamarka. Ni dama na kafa doka: a share ɗakin aladu safe da yamma, kada in ga ko tsinke a kan simintina. Ranar da na iya dogara sanda na leƙa, sai na ga abin da ya kusa mai da ni gado. Ta zuba tattakar acca, wato busasshen karan da ya rage bayan sussuka, har gwiwa a rabin ɗakin. Ga totuwar masara ko'ina. Ga ganyen dankali ta ɗaure da igiya yana lilo daga rufi. Ga wata tsohuwar jarka ta huhhuda ta da wuƙa mai zafi, ta zuba masara a ciki, aladu suna ta tura ta da hanci, ƙwaya tana faɗowa ɗaya-ɗaya.

Na ɗaga murya na ce, "Maman Yakubu! Wa ya mai da mini ɗakin aladu bola?"

Ta fito tana goge hannu a zani ta ce, "Ni ce. Sai aka yi yaya?"

"Da izinin wa?"

"Da izinin kunnena. Kwana nawa kana kwance, ka ji ihun alade ko sau ɗaya?"

Gaskiya kuwa ban ji ba. Ta ce, "Baban Yakubu, kai ma a kulle ka a ɗaki, ba rediyo, ba mai hira, ba aikin yi, sai kwano ɗaya a lungu. Mu gani in ba za ka ciji mutum a kan kwanon ba."

Na duba, ga Soja can ya cusa hanci cikin tattaka yana neman masarar da ta watsa, ƙananan suna cin dusa a kwami, ko kallonsu bai yi ba. Idona ya gani. Amma ka san ubanka. Na ce a kwashe shara, ba a gidana ba. Aka kwashe, aka wanke siminti tas. Kwana uku ba su cika ba aka gutsure wa wata ƙaramar mace kunne, wani kuma aka cinye masa rabin wutsiya. Ran nan da mamarka ta tafi zumuntar mata, na ɗauko buhu na mai da tattakar da hannuna. Da ta dawo ta leƙa, sai ta yi ta rera waƙar coci a kicin da ƙarfi fiye da kullum. Daga baya malamin dabbobi ya zo allura ya ga tsarin, ya yaba, har ya kira abin da wani dogon suna na Turanci. Ya tambaya wa ya koya mini. Na ce ai mu da muka daɗe a sana'a muna da dabarunmu. Allah ya gafarta mini.

A nan ne na gane abin da shelar mai unguwa take yi wa aladu kowace damina. Allah ya yi alade da hancin tono. A sake, yini yake yi yana neman abinci, ya tona nan ya shinshina can. Ka kulle shi ka zuba masa abincin yini a kwano, cikin ɗan lokaci ya cinye. Sauran yinin fa? Ba abin da ya mallaka a duniya sai kwanon nan, to a kansa zai mutu. Ka ba hancin aiki, kwano ya zama abu ɗaya cikin abubuwa da yawa.

Kada ka ce daga nan na yi hankali. Da na ga abin yana aiki sai na ce zan fi mamarka iyawa. Na je wajen Ayuba mai faci na karɓo tsohuwar taya guda ɗaya, na jefa musu don su yi wasa. Guda ɗaya, ga aladu shida. Soja ya bar kwami ya koma kan taya. Ya sa ƙafafunsa na gaba a ciki, duk wanda ya zo wucewa ya kai masa hari. Ayuba ya biyo ya leƙa ta katanga ya ce, "A'a, Oga, Soja ya sayi mota ne? Ga shi ko fasinja ba ya ɗauka." Unguwa ta yi mako tana mini dariya. Sai da na ƙaro tayoyi, na rataya sarƙa a gefe biyu, na jefa guntayen icce, sa'an nan aka samu lafiya. Kuma ko su ɗin, bayan mako biyu aladu suka daina kallonsu. Abin da suka saba da shi ya zama kamar bango. Dole ka riƙa canzawa: yau jarka, gobe reshen mangwaro da ganyensa, jibi ka ɓoye rogo dafaffe a ƙarƙashin ciyawa. Ka ɗauke wani ka ajiye, bayan kwanaki ka dawo da shi, sai su yi murna kamar sabo. Ka dai duba da kyau, kada a samu ƙusa ko waya a jiki, kuma leda kada ta shiga ɗakin ko da wasa. Na taɓa rasa ɗan alade saboda leda, ba na son tuna wannan.

Wani abu kuma, kada ka ce tun da ka ba Baturiya abin wasa sai ka rage dusa. Mai yunwa ba ya wasa. Akwai shekarar da aikin citta ya sha kaina na koma ba su abinci sau ɗaya a yini, duk tayoyin duniya ba su hana faɗa ba. Safe da yamma, a kan lokaci, ta san cewa abinci yana zuwa ko ta tsare ko ba ta tsare ba. Daga cikin abincin nata ne za ka ɗebi kaɗan ka watsa cikin ciyawa. Ruwa kuma kada ya yanke. In ka samu hali ka bar mata gefe ɗaya ƙasa zalla, ba siminti, ta tona ta yi taɓo. Na san za ka ce ƙazanta. Ni ma haka na ce. Ka riƙa kwashe wadda ta jiƙe kana zuba busasshiya, shi ke nan. In haihuwa ta matso ka ƙara mata ciyawa da yawa, za ka ga tana ɗiba da baki tana shirya wurin kwanciya. Bayan ta haihu kuwa, kwanakin farko kowa ya yi nesa. Uwa mai tsaron 'ya'ya daban take da mai tsaron kwano, wannan ba a gyara shi da jarka.

Yanzu ga abin da ya fi yi mini wuyar rubutawa. Mako uku ke nan da ka ware Baturiya daga garke, ka sa ta a tsohon sito na citta kafin tafiya. Siminti zalla, bango huɗu, kwano ɗaya. Na ce maka a zuba ciyawa, ka ce, "Baba, ka bar ni in gwada nawa, tawa ce yanzu." Maganar ta soke ni. Na ce a raina, to bari mu gani. Kullum da safe ina wucewa ta ƙofar siton. Na ga ranar da ta fara kwanciya a kan kwano. Na ga ranar da ta fara sunkuyar da kai tana kallon mutum ta ƙasan ido. Na san abin da ke zuwa kamar yadda na san sunana. Na yi shiru, ina jira ka zo ka ce, "Baba, yaya ake yi?" Kai ba ka zo ba, ni ban je ba. Muna nan muna gwada taurin kai, aka ciji yarinyar mutane, wadda ba ta san hawa ba balle sauka.

Yau da safe, da ka fita neman mota, na sami Ladi tana tankaɗe da hannu ɗaya. Na ce, "Ladi, 'yata, ki yafe mini. Na ga abin nan yana zuwa ban faɗa ba." Ta rasa inda za ta sa kanta, ta durƙusa tana cewa, "A'a Baba, a'a Baba." Na tambaye ta ko tana son a sayar da aladiyar, domin ita aka ciza, ita ke da magana. Ta ce, "Baba, tsoronta nake ji, ba zan ɓoye ba. Amma in daga waje ne, zan iya jefa mata gwanda." Na kai ta ƙofar siton, na ba ta ɓawo ta jefa daga nesa tana kiran sunanta. Baturiya ta taso daga kan kwanon ta zo ta ci. Ba na ce ta warke ba. Taku biyar ne kawai ta yi. Amma ta bar kwanon.

Ga roƙona, kuma ka san ban saba roƙo ba. Ka ba ta Alhamis huɗu. Ka yi abin da na rubuta, kada Ladi ta shiga ɗakin, daga waje kawai, har sai ita da kanta ta ce ta shirya. Na ɗaure muku buhu biyu na tattakar acca da jarka hudajjiya, suna bakin ƙofa, ka ce wa direba ya sa a sama ko zai yi ƙorafi. In Alhamis ta huɗu ta wuce Baturiya tana nan yadda take, kada ka taɓa bakinta, kada ka kira mahauci. Ka aiko mini, ni zan zo Nok da mota in ɗauke ta, in kawo muku wata, kuma ba za ka ji kalma ɗaya daga bakina ba. In kuma wani abu ya shige maka duhu kafin nan, ka kira ni. In ba ka kira ba, ni zan kira, domin na daina jira.

Ubangiji ya sa albarka a gidanku da aikinka. Ya warkar da hannun Ladi, ya sauki Baturiya lafiya, ya tsare fitarku da shigarku. Ya ba ka zuciya mai sauƙi fiye da tawa. Mamarka tana gaishe ku, ta ce ku nemi coci tun Lahadin farko. Ku sauka lafiya, cikin sunan Yesu. Amin.

Ni ne mahaifinka,
Baban Yakubu.